Tufka da Warwara: Tarihin Afil da Sake Shari'a a Arewa

Duk wanda ya ɗaukaka ƙara yakan shiga kotu da zato biyu a zuciyarsa: ko a ba shi gaskiya, ko a ce hukuncin farko ya zauna daram. Akwai na uku, wanda ba kasafai ake yi masa shiri ba. Alƙalai su yi ta karatu shafi bayan shafi, har su kai inda za su ce sun soke hukuncin kotun ƙasa. Kabbara ta fara tashi daga bencin baya, sai a ji sun ɗora da cewa a mayar da shari'ar inda ta fito, a sake ta tun daga tushe a gaban wani alƙali. Nan ne akan ga mai ƙara da wanda ake ƙara sun fito harabar kotu, kowa ya ja lauyansa gefe yana tambaya: "To Barista, yanzu wa ya ci?"

Babu wanda ya ci. Gonar da ake rigima a kanta tana nan yadda take, gadon bai rabu ba, wanda ke tsare kuma sau da yawa gidan yari zai koma ya jira sabuwar rana. Abin da kotun sama ta ce shi ne an tufka igiyar ba daidai ba, a warware a sake. Wannan umarni ya daɗe a ƙasar Hausa. Bakin da ke furta shi ne ya yi ta sauyawa: daga sarki zuwa Razdan, daga Razdan zuwa jojin Turawa, daga nan zuwa Alƙalin Alƙalai da Kotun Ƙoli.

Kai kuka fada

A fiƙihun Malikiyya, wanda alƙalan ƙasar nan suka gada, asali shi ne hukuncin alƙali yana kashe gardama. In alƙali ya yi ijtihadi ya yanke, wani alƙalin ba ya warwarewa don kawai yana ganin da shi ne da ba haka zai yi ba. Da ana haka, da babu shari'ar da za ta ƙare. Malamai irin su Alƙarafi, masanin Masar da ya rasu a 1285, sun ƙayyade wurare huɗu da ake warware hukunci: in ya saɓa wa nassi bayyananne, ko ijma'i, ko ƙiyasi bayyananne, ko ƙa'idojin shari'a. Shahararriyar wasiƙar da Sayyadina Umar ya aika wa Abu Musa al-Ash'ari kuma ta ba alƙali damar ya koma kan hukuncin da shi kansa ya yanke jiya, in ya gano ya yi kuskure.

Ƙofar gyara ke nan a buɗe take, amma babu tsani mai hawa-hawa irin na yau. Wanda yake ganin alƙali ya cuce shi, fada yake nufa ya faɗi ya yi gaisuwa ya kai kuka. Sarki ya zauna da waziri da malaman fada, ko ya saurari maganar da kansa, ko ya aika a kira alƙalin ya yi bayani, ko ya tura masu shari'ar gaban wani. Shehu Abdullahi na Gwandu, a littafinsa Diya'ul Hukkam da ya rubuta a Kano a farkon jihadi, ya zayyana aikin alƙali da nauyin da ke kan shugaba na kawar da zalunci. Maganar da ta fi ƙarfin masarauta ɗaya, kamar rigimar da ta haɗa mutanen sarakuna biyu, wasiƙa ake rubutawa zuwa Sakkwato ta hannun Waziri, ko zuwa Gwandu in masarautar tana ɓangaren yamma.

Daga wancan zamani akwai wata kalma da har yau take rushe hukunci: i'izari. Kafin alƙali ya yanke, dole ya juya ga wanda hukuncin zai faɗa wa ya tambaye shi ko yana da sauran hujja, ko yana da suka a kan shaidun da aka kawo. Tuhfatul Hukkam ta Ibn Asim, alƙalin Garnaɗa, wadda ɗaliban shari'a ke haddacewa a zaure, ta ware wa wannan fasali guda. Lauyan da ya iya aikinsa, in aka miƙa masa kwafin shari'ar gado ko ta gona daga kotun ƙasa, shafin ƙarshe yake fara dubawa. In bai ga inda aka yi i'izari ba, ya san ya samu abin da zai hau da shi sama, ya kuma san da wuya a ba shi gonar a can. Sake shari'a za a ce a yi.

Jan alƙalamin Razdan

Da Kano da Sakkwato suka faɗi a 1903, Gwamna Lugga bai rushe kotunan alƙalai ba, domin ba shi da ma'aikatan da za su maye gurbinsu. Dokokin da ya kafa a 1900 da 1906 sun mayar da kowace kotu mai zama da takardar izinin gwamnati. Daga baya aka yi musu daraja huɗu, daga A zuwa D. Manyan kotunan sarakuna da na wasu manyan alƙalai suna daraja ta farko, suna iya yanke hukuncin kisa, amma ba a zartarwa sai Gwamna ya sa hannu. An hana yanke hannu da sauran hukuncin da Turawa suka ce bai dace ba.

Babban sauyin yana cikin littafi. Aka wajabta wa kowace kotu ta riƙa rubuta shari'o'inta, muhuti yana gefe da alƙalami da tawada. Rubutun majalisar Sarkin Kano Abbas na 1913 da 1914, da Larabci, ya tsira har masanin tarihi Allan Christelow ya fassara shi ya buga a 1994, kuma a ciki ana ganin yadda maganar gida da gona da ta jini suke zuwa gaban sarki kai tsaye. Wannan littafi shi Razdan ko Di'o ke buɗewa in ya zo rangadi. Doka ta ba shi ikon ya shiga kowace kotun En'e a kowane lokaci, ya rage hukunci, ya dakatar da shi, ya ce a sake shari'ar, ko ya ɗauke ta ya kai kotun lardi, inda shi ne alƙali.

Wannan ba afil ba ne. Talaka ba shi da haƙƙin tilasta wa Razdan ya duba maganarsa, lauya kuma doka ta hana shi taka ƙafa a kotun alƙali. In Bature ya ga dama ya ja jan alƙalami, in yana lallaɓa sarki ya kau da kai. Mutumin da ke karɓar haraji shi ne kuma ke duba adalcin kotun da ke ɗaure wanda bai biya ba.

Gwamna Donald Cameron ne ya taɓa wannan tsari a 1933. Ya rushe kotunan lardi, ya kafa Babbar Kotu da kotunan majistare, ya kuma buɗe hanyar da hukuncin kotun En'e zai iya hawa zuwa Babbar Kotu, daga nan zuwa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Afirka ta Yamma, wadda Najeriya ta yi tarayya a cikinta da Gana ta wancan lokaci, da Saliyo, da Gambiya. A saman duka akwai kwamitin shari'a na majalisar Sarkin Ingila a Landan. Kalmar "afil" ta shiga bakin Hausawa. Karon farko ke nan da hukuncin da aka ciro daga Muhtasar, littafin fiƙihun Malikiyya, zai je gaban jojin da bai taɓa buɗe Muhtasar ba.

Tsofo Gubba

Karon da kowa ke tsoro ya auku a 1947. Wani mutum mai suna Tsofo Gubba ya kashe kwarton matarsa, kotun Sarkin Gwandu ta same shi da kisan ganganci ta yanke masa hukuncin kisa. A Malikiyya, ɓacin ran da ya tunzura mai kisa ba ya ɗauke ƙisasi in masu jini sun nema. A kundin laifuffukan Turawa kuwa, wanda aka tunzura har ya yi kisa cikin zafin zuciya laifinsa bai kai na ganganci ba, kuma ba a rataye shi. Kotun Afirka ta Yamma ta soke hukuncin, ta ce duk laifin da ke cikin kundin Turawa, da kundin za a hukunta shi, ko da a kotun alƙali ne.

Sarakuna da alƙalai suka ji kamar an zare musu tabarma. In haka ne, ai kusan duk shari'ar laifi ta bar hannunsu, tunda kisa da sata da rauni duk suna cikin kundin. Gwamnati ta yi hanzarin gyara doka a 1948 ta mayar wa kotunan En'e ikonsu na yin hukunci da shari'ar Musulunci. Rigimar ba ta kwanta ba. A 1957, a shari'ar Maizabo da En'e ta Sakkwato, Kotun Ƙoli ta Tarayya, wadda ta gaji ta Afirka ta Yamma, ta ce alƙali ya yi shari'a da littafinsa, amma kada horon ya wuce abin da kundin Turawa ya tanada wa irin wannan aiki. Aka wayi gari alƙali na zaune da littafi biyu, ɗaya na tabbatar da laifi, ɗaya na auna horo, kuma kuskure a kowannensu na iya dawo masa da shari'ar.

A daidai wannan lokaci afil ya zama makamin siyasa. 'Yan NEPU, waɗanda kotunan alƙalai ke ɗaurewa kan yin taro ba izini ko zagin hakimi, sun gane cewa mafitarsu tana Babbar Kotu, inda lauya ke iya tsayawa. Hukumar Willink, da ta zagaya a 1957 da 1958 tana jin koken ƙananan ƙabilu, ta sha jin ƙorafi kan kotunan En'e. Gwamnatin Sardauna ta san Ingila ba za ta miƙa mulkin kai ba sai an warware wannan ƙulli.

Kotun Kaduna

An fara gwadawa da wata kotun ɗaukaka ƙara ta Musulmi a 1956, amma ba ta da alƙalai na dindindin, kuma hukuncinta na iya zuwa gaban jojin Turawa, don haka ba ta gamsar da kowa ba. A 1958 aka gayyato kwamitin masana ƙarƙashin Babban Jojin Sudan, Sayyid Muhammad Abu Rannat, tare da Mai Shari'a Muhammad Sharif na Pakistan, da Farfesa Anderson na Landan, da 'yan gida uku: Shettima Kashim na Barno, da Peter Achimugu, da Malam Musa Alƙalin Bida. Shawararsu ce ta haifi kundin Final Kod da dokar bin shari'ar laifi, waɗanda suka fara aiki ranar 30 ga Satumba, 1960, jajibirin samun 'yancin kai.

Ciniki ne aka yi. Shari'ar laifi ta koma kan kundi ɗaya da ya hau kowa. A madadin haka aka kafa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a a Kaduna, mai alƙalai na dindindin, wadda maganarta ce ta ƙarshe a kan aure da saki da gado da wasiyya da waƙafi da riƙon yara. Malam Abubakar Gumi ya shiga a matsayin mataimaki, ya zama Alƙalin Alƙalai a 1962. Yanzu alƙalin ƙauye, in shari'arsa ta dawo, malamin da ya fi shi karatun Tuhfa ne ya dawo da ita, da ambaton babi da fasali.

A ɗaya ɓangaren kuma, jojin boko suna ta fama da tambayar da ta fi kowace wuya: in an sami aibi a shari'ar laifi, yaushe za a sallami mutum, yaushe za a sake gurfanar da shi? Amsar da ake bi har gobe ta fito ne a 1959, a shari'ar Yesufu Abodundu. Kotun Ƙoli ta Tarayya ta shimfiɗa sharuɗɗa biyar da sai sun taru. A sami kuskuren doka ko na tsari wanda ba za a iya cewa bai cutar ba. Shaidar da ke ƙasa, in an ajiye kuskuren gefe, ta nuna akwai magana mai nauyi a kan wanda ake tuhuma. Kada ya kasance akwai wani dalili na musamman da zai sa sake gurfanar da shi ya zama gallazawa. Laifin ya zama ba na wasa ba. Sannan ƙin sake shari'ar ya fi sake ta zama zalunci. Manufar ita ce kada mai gabatar da ƙara da ya yi sakaci ya samu damar zuwa ya toshe ramukan da ya bari, kada kuma mai laifi ya sulale don alƙali ya manta da wata ƙa'ida.

Sauran matakalar tsanin sun sauya da sauri. Hanyar Landan ta rufe a 1963, da Najeriya ta zama jamhuriya. Gwamnatin soja ta Hassan Usman Katsina ta karɓe kotuna daga hannun En'e, ta rushe kotunan sarakuna, kuma daga 1968 kotunan yanki suka maye gurbinsu a ƙarƙashin Babban Joji, da sufetoci masu duba littattafansu, aikin da Di'o ke yi a da. Kai kuka fada ya daina zama shari'a, ya koma sulhu. A 1976 aka kafa Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Tarayya. A 1978 wakilai Musulmi suka fice daga majalisar tsara tsarin mulki kan neman kotun shari'a ta tarayya, aka daidaita a kan cewa kotun ɗaukaka ƙara za ta kasance da aƙalla alƙalai uku masana shari'ar Musulunci. Tun daga nan hukuncin Alƙalin Alƙalai ma ana iya soke shi a dawo da shi.

A sallama ko a mayar?

Da jihohi goma sha biyu suka dawo da shari'ar laifi ta Musulunci daga shekarar 2000, duniya ta zuba ido a kan kotunan ƙasa, alhali a sama aka yi aikin. Kotun Gwadabawa ta yanke wa Safiya Husaini ta Tungar Tudu hukuncin jifa a Oktoban 2001. Ranar 25 ga Maris, 2002, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ta Sakkwato ta soke shi, cikin dalilanta har da cewa abin da ake zargi ya faru ne kafin dokar ta fara aiki.

Ta Amina Lawal ta fi tsawo. Kotun Bakori ta yanke a Maris na 2002, babbar kotun shari'a ta Funtuwa ta tabbatar a Agusta, sai ranar 25 ga Satumba, 2003, kotun Katsina ta warware da rinjayen alƙalai huɗu a kan ɗaya. Dalilan duk daga cikin gida aka ciro su. Alƙalin farko ya zauna shi kaɗai, alhali dokar jihar ta ce ya zauna da mutum biyu. Mai iƙirari a shari'ar haddi tana da damar janye iƙirarinta. Sannan ga mas'alar kwantaccen ciki, wadda a Malikiyya take ba da damar a jingina ɗa ga tsohon miji har shekara biyar bayan rabuwa. Aibin zaman alƙali shi kaɗai irin wanda kan jawo sake shari'a ne, amma sauran dalilan sun rushe tuhumar kanta, don haka aka sallame ta.

Ranar 21 ga Janairu, 2021, Babbar Kotun Kano ta nuna hanyoyin biyu a zama ɗaya. Gabanta akwai hukunci biyu na babbar kotun shari'a ta Hausawa Filin Hoki a kan zargin ɓatanci. Wani yaro da aka yanke wa shekara goma, ta sallame shi. Yahaya Sharif Aminu, da aka yanke wa kisa a Agustan 2020, ta soke hukuncinsa saboda an yi masa shari'ar rai ba tare da lauya ba, amma ta ce a sake ta gaban wani alƙali. Lauyoyinsa suka ce sallama ta kamata, suka hau sama. A Agustan 2022 kotun ɗaukaka ƙara, biyu a kan ɗaya, ta tabbatar da umarnin sakewa, maganar ta wuce zuwa Kotun Ƙoli.

Bahaushen Maraɗi ko Damagaram bai cika mamakin wannan ba, domin tsarin da Nijar ta gada daga Faransa a kan mayarwa aka gina shi. Tun 1790 Faransa ta kafa kotun da aikinta karya hukunci ne kawai: ba ta sake sauraron shaidu, doka take dubawa, in ta ga an karkace sai ta karya ta tura wa wata kotun mai daraja ɗaya da ta farko. A Najeriya kuwa doka ta ba kotunan sama ikon su tsaya a matsayin kotun farko su yanke da kansu in takardun da ke gabansu sun isa. Abin da ke hana su shi ne shaida. Jojin da bai ga fuskar mai shaida ba, bai ji inda muryarsa ta yi rawa ba, ba ya son ya ce wane ne mai gaskiya.

Agogon kwana 180

Inda tufka da warwara ta fi cin rai shi ne shari'ar zaɓe, domin wa'adin mulki ba ya jira. Ƙarar da Muhammadu Buhari ya shigar kan zaɓen 2003 sai a Yulin 2005 Kotun Ƙoli ta rufe ta. Peter Obi ya karɓi kujerar Anambra a Maris na 2006, kusan shekara uku bayan zaɓen. Ta Osun ta fi su nuna illar mayarwa. Rauf Aregbesola ya ƙalubalanci zaɓen Afrilun 2007, kotun ƙararrakin zaɓe ta kore shi, kotun ɗaukaka ƙara ta ce a Maris na 2009 an ƙi karɓar hujjojin da ya kamata a karɓa, a kafa sabbin alƙalai su sake. Sabbin ma suka kore shi. Sai ranar 26 ga Nuwamba, 2010, kotun ɗaukaka ƙara a Ibadan ta ce shi ya ci. Wanda kotu ta ce bai ci ba ya riga ya yi shekara uku da rabi yana mulki.

Majalisa ta ɗaure lamarin ta hanyar gyaran tsarin mulki na 2010. Sashe na 285 ya ba mai ƙorafi kwana 21 ya shigar da ƙara, ya ba kotun zaɓe kwana 180 daga ranar shigarwa ta yanke hukunci, ya ba kowace kotun sama kwana 60. Abin da ba a faɗa ba shi ne: in kotun sama ta ce a sake, agogon daga farko zai fara?

Barno ce ta kawo amsa. Muhammadu Goni, wanda ya mulki jihar daga 1979 zuwa 1983, ya tsaya wa PDP a 2011 ya ƙalubalanci nasarar Kashim Shettima na ANPP. Kotun ɗaukaka ƙara ta ce a sake sauraron ƙararsa. A Fabrairun 2012 Kotun Ƙoli ta ce ina, kwana 180 ba ya ƙaruwa, ba ya sabuntuwa, ko da kotu ce ta ba da umarnin sakewa. Mai Shari'a Walter Onnoghen ya kamanta wa'adin da dutsen Jibraltar, wanda ba ya gusawa.

Hukuncin ya faɗa kan wasu da ba su ji ba ba su gani ba. A Binuwai, Steven Ugbah yana riƙe da umarnin da Kotun Ƙoli da kanta ta ba shi a Nuwamban 2011, cewa a koma a saurari ƙararsa da Gwamna Gabriel Suswam a kan gundarinta, bayan an kore ta a kan wata ƙa'idar shigar da takarda. Haka ma mai ƙara a Akwa Ibom. Kafin a kammala, kwanakin sun cika, aka rufe littafi. Ƙararrakin nan biyu ba a taɓa yanke su a kan wa ya ci zaɓe ba.

Tun daga nan kotunan sama suka koma yanke maganar zaɓe da hannunsu, ko su bar ta ta mutu. Kanawa sun ga haka ƙuru-ƙuru. Ranar 20 ga Satumba, 2023, kotun zaɓe ta zaftare ƙuri'a 165,663 daga na Abba Kabir Yusuf saboda rashin hatimi da sa hannu a takardun, ta ba Nasiru Gawuna kujera. Kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar ranar 17 ga Nuwamba. Ranar 12 ga Janairu, 2024, Kotun Ƙoli ta mayar da ƙuri'un ta rufe magana. Hawa uku cikin ƙasa da wata huɗu, kuma babu wanda ya kawo zancen mayarwa, domin babu sauran kwanan da za a mayar a ciki. Hausawa na cewa shari'a mace ce mai ciki, wannan dai an yanka mata ranar haihuwa.

Agogon na 'yan siyasa ne kaɗai, shi ma a kan kujera. Tsohon gwamnan Abiya, Orji Uzor Kalu, an gurfanar da shi a 2007, aka yanke masa shekara goma sha biyu a Disamban 2019. A Mayun 2020, bisa afil ɗin abokin tuhumarsa, Kotun Ƙoli ta rushe shari'ar ɗungurungum, domin jojin da ya yanke ta an riga an ɗaga shi zuwa kotun ɗaukaka ƙara, ba shi da hurumin komowa ya ƙarasa. Aka ce a sake. A Satumban 2021 wata Babbar Kotun Tarayya a Abuja ta hana a sake gurfanar da Kalu.

Mai rigimar gona ko gado ba shi da kwana 180, ba shi da 60. In umarnin ya fito daga Kaduna ko Kano ko Abuja, rajistara zai ɗaure fayil ɗin da zare ya aika kotun da aka ambata, a ba shi sabuwar lamba, a buga sabon sammaci. Masinja ya hau babur ya nufi ƙauye neman shaidun da suka yi magana shekara goma da suka wuce. Wani ya yi ƙaura, wani ido ya tafi, dattijon da ya san inda iyakar take kuma an daɗe da yi masa addu'ar arba'in. Sau da yawa mai ƙarar ma ba shi ne ke amsawa ba, ɗansa ne ke miƙewa ya ce a sauya suna a takarda, sannan sabon alƙali ya gyara zama ya ce wa muhuti ya buɗe shafin farko.